Ayyukan da Cicely Tyson ta ƙi karɓa

Ƙannena maza da mata, musamman ku masu sha'awar fim, ko waƙa, ko wata sana'ar da ake yi a idon jama'a, tambayar da kuka fi yi ita ce ta ina ake shiga. Wa zan gani, wa zai haɗa ni da darakta, wane bidiyo zan ɗora a san da zamana. Ba na raina wannan tambaya. Sai dai tana da ƙanwa da ke biye da ita, wadda ba a cika tunawa da ita ba sai ta yi sallama: ran da aka buɗe maka ƙofa, aka miƙo maka aiki da kuɗi a kansa, kana da abin da za ka duba ka ce wannan kam ba da ni ba? Maganar da nake so mu yi ke nan, kuma zan bi ta rayuwar wata Ba'amurkiya baƙar fata, 'yar wasan fim da talabijin, Cicely Tyson. Ta shafe sama da shekara 60 a sana'ar, ta rasu a 2021 tana da shekara 96, kuma a ganina ayyukan da ta mayar wa masu su sun gina sunanta daidai da waɗanda ta yi.

An haife ta ranar 19 ga Disamba 1924 a birnin New York, ta tashi a unguwar Harlem. Iyayenta baƙi ne a ƙasar, sun zo daga Nevis, wani ɗan tsibiri a yankin Karibiyan. Uban yana aikin kafinta da fenti, uwar tana aikatau a gidajen mutane. Gida ne na babu, kuma na riƙon addini. Uwar Kirista ce mai tsanani, wurin zuwan 'ya'yanta coci, silima kuwa ko hanyar ba a bi. Iyayen suka rabu Cicely tana yarinya. Tana da shekara 17 ta samu ciki, aka ɗaura mata aure a ƙarshen 1942, auren bai yi ƙarko ba, ta zauna da 'yarta tana neman abin da za su ci. Ta samu aikin buga tafireta a ofishin ƙungiyar agaji ta Red Cross. Ita da bakinta ta sha ba da labarin ranar da ta ture kujerarta baya, ta ce wa abokan aikinta ba ta yarda Allah ya halicce ta don ta ƙare rayuwa tana dukan keken rubutu ba. Daga nan ta shiga tallan kayan sawa da gyaran gashi a mujallu, har da Ebony, sannan wasan kwaikwayo. Lokacin ta kai shekara 30. A Hollywood wannan tsufa ne ga macen da za ta fara, shi ya sa aka rage mata shekaru, jaridu suka daɗe suna buga cewa a 1933 aka haife ta.

Da uwar ta ji sana'ar da 'yarta ta zaɓa, sai ta kore ta daga gida. Kusan shekara biyu ba sa magana. A nan nake so ku natsu, don na san wani zai ɗauki wannan guntun labarin ya ruga gida ya ce ai ga wadda ta bijire wa uwarta kuma ta yi nasara. Ba haka abin yake ba. Tsoron uwar ba na banza ba ne. Ta ga 'yarta ta taɓa tuntuɓe tana ƙarama, ta kuma san irin abin da ake sa mata baƙar fata su yi a gaban kyamara a wancan zamani. A wurinta harkar fim matattarar lalata ce. Cicely ba ta ce uwarta ba ta waye ba. Ta ɗauki tsoron nan ta mayar da shi ma'auni, ta ƙudura cewa za ta nuna wa tsohuwar ana iya wannan sana'a ba tare da abin da take gudu ya faru ba. Sun shirya daga baya, kuma uwar ta rayu har ta ga aikin 'yarta ta ce tana alfahari da ita. Idan iyayenku suna ɗari-ɗari da abin da kuke so ku yi, ku tambaye su me suka hango. Sau da yawa abin yana nan da gaske, suna ne kawai ba su iya ba shi ba.

Kafin ta fara ƙin aiki, sai da ta iya aiki. Wannan ne ɓangaren da matasa ke tsallakewa. Ta koma ɗaliba a hannun malaman wasa, cikinsu har da Lloyd Richards, wanda ya ba da umarnin shahararren wasan nan A Raisin in the Sun a 1959. Ta yi ƙananan wasannin dandamali da ba su biyan kuɗin haya. A 1961 ta shiga wasan The Blacks na marubucin Faransa Jean Genet, wanda aka yi ta nunawa a wani ƙaramin gidan wasa a New York har sau 1,408. Ku dubi waɗanda ke tare da ita a kan dandamalin: James Earl Jones, Maya Angelou, Louis Gossett Jr. Dukansu ba a gama saninsu ba a lokacin. Wasan dandamali ba shi da a yanke a sake. Ka manta maganarka, ɗaruruwan mutane na kallo. Dare bayan dare kana faɗin kalmomi iri ɗaya, kuma dole su fito tamkar yau ka fara jin su. A nan ake koyon numfashi, da tsayuwa, da sauraron abokin wasa. Wanda bai iya aikin ba idan ya ce a'a, babu wanda ya yi asara, gobe a kira wani. A'a tana da nauyi ne idan wanda aka ce wa ya san ya rasa abin da ba zai samu a kusa ba.

A waɗannan shekarun ne ta yi wani abu da ya zama tarihi ba da niyya ba. Za ta fito a wani wasan talabijin a matsayin 'yar Afirka, ta ga bai dace ta fito da gashin da aka miƙar da ƙarfe mai zafi ba, kamar yadda kusan kowace baƙar mace ke yi a Amurka a lokacin. Sai ta shiga shagon aski a Harlem ta sa aka rage shi, aka bar shi yadda Allah ya yi shi. Da ta samu shiga shirin East Side/West Side na tashar CBS a 1963, inda ta fito a matsayin sakatariya tare da George C. Scott, da wannan gashin ta fito mako-mako a ɗakunan miliyoyin mutane. Ta ce har masu shagunan gyaran gashi sun yi ta aiko da ƙorafi wai tana kashe musu kasuwa.

Don ku gane abin da take gudu, ku tuna yadda aka daɗe ana fito da Bahaushe a finafinan kudancin Nijeriya: mai gadi a bakin ƙofa, Turancinsa abin dariya, ba shi da suna sai aboki. Ba ƙarya ba ne akwai Hausawa masu gadi, kuma gadi sana'a ce ta halal. Ƙaryar tana wurin nuna shi ba iyali, ba tunani, ba abin da ke damunsa sai buɗe ƙofa da rufewa. Haka Hollywood ta yi wa baƙaƙen Amurka shekaru da dama. Mace baƙa 'yar aiki ce mai fara'a, ba ta da 'ya'yan da za ta damu da su sai na uwar ɗakinta. Baƙar fata ta farko da ta ci kyautar Oscar, Hattie McDaniel, da irin wannan rol ta ci, a fim ɗin Gone with the Wind na 1939. Daren da aka ba ta kyautar a 1940, ba a zaunar da ita teburi ɗaya da abokan aikinta farare ba. Masu fafutukar 'yancin baƙar fata suka yi ta sukanta kan yawan fitowa 'yar aiki, kuma amsar da ake dangantawa da ita sananniya ce: gara ta karɓi dala 700 a mako tana kwaikwayon 'yar aiki da ta karɓi dala 7 tana aikatau na gaske. Ni dai ba zan zagi Hattie McDaniel ba, kuma ba na so ku zage ta. Iyayenta a cikin bauta aka haife su, kuma ƙofar da aka buɗe mata ke nan, babu ta biyu. Mai ƙoshi ne ke saurin yi wa mai yunwa hukunci.

A farkon shekarun 1970 abin ya sake salo. Fim ɗin Shaft ya fito a 1971 ya kawo kuɗi, Super Fly ya biyo a 1972, labarin dillalin hodar iblis. Kamfanoni suka gane akwai kasuwa, sai aka cika silima da finafinan 'yan daba, da kawalai, da 'yan ƙwaya, mata kuwa yawanci ado ne da tsiraici. A karo na farko aiki ya yawaita ga baƙaƙen 'yan wasa, ga kuɗi, ga suna. Cicely ta kauce. A daidai wannan lokaci aka fara shirin wani fim mai suna Sounder, labarin wani iyali matalauta a jihar Louisiana a 1933, masu noman kashi-mu-raba a gonar wani farar fata. Yunwa ta sa maigidan, Nathan, ya saci nama, aka yanke masa shekara guda ta aikin gwale-gwale. Matarsa Rebecca ta rage da 'ya'ya uku, da wankau, da gonar rake da dole a girbe ko a kore su. Da farko ƙaramin rol na malamar makaranta aka yi wa Cicely tayi, wai ta yi kyau da yawa da ƙuruciya ta fito a matsayin matar manomi. Ta nace Rebecca take so, ta ci gaba da nazarin rol ɗin tun ba a ba ta ba, har aka dawo kanta. Ta ce dala 6,000 aka biya ta. Fim ɗin ya fito a 1972 tana da shekara 47, ya shigar da ita takarar Oscar ta babbar jaruma tare da Diana Ross. Kafin su biyun, baƙar mace ɗaya tak, Dorothy Dandridge, ta taɓa shiga wannan takara. Liza Minnelli ce ta ci a shekarar, kuma sai a 2002 Halle Berry ta zama baƙar fata ta farko da ta ɗauki kyautar.

Amma abin da ya juya rayuwarta a wurin tallata fim ɗin ya faru. Wani ɗan jarida farar fata ya ce mata kallon Sounder ya sa ya gano yana da wariya a zuciyarsa, domin da ya ji yaron nan baƙi yana kiran ubansa da sunan da 'ya'yansa ke kiran shi da shi a gida, sai abin ya tsaya masa a rai. Ku sake karanta wannan. Mutum mai ilimi, mai rubutu a jarida, bai taɓa kawowa a ransa cewa yaro baƙi yana ce wa ubansa baba da irin ƙaunar da nasa ɗan ke yi ba. Kuma ba mugu ba ne, tunda har ya iya faɗi. To ina ya samo wannan makantar? Rabinta daga silima. Wataƙila bai taɓa shiga gidan baƙar fata ba, abin da allo ya nuna masa shi ya sani. Cicely ta ce a ranar ta gane ba ta da sararin zama 'yar wasa kawai, mai karɓar abin da ya zo. Ta yanke cewa duk rol ɗin da za ta karɓa daga nan sai ya zama yana gyara wani abu a irin wannan kan. Ku lura ba girman kai ne ya kawo a'a ɗinta ba, kuma ba wai an raina mata kuɗi ba. Dalili take da shi da za ta iya faɗi a jimla ɗaya. Ke da ke shirin ƙin wani aiki, ko kai, ku gwada faɗin naku dalilin a jimla ɗaya. In bai faɗu ba, wataƙila fushi ne ko jin kai, kuma waɗannan ba sa kai mutum ƙarshen wata.

Abin yana da tsada, kada wani ya ruɗe ku. Mace ta shiga takarar Oscar, amma takan yi watanni, wani lokaci fiye da shekara, ba ta tsaya gaban kyamara ba. Abin da ya riƙe ta shi ne yawon ba da lacca a jami'o'i da kwalejoji, ana biyanta. Wannan shi ne mafi amfani a duk abin da zan gaya muku yau, kuma shi ne mafi rashin armashi: mai son ya iya cewa a'a sai ya tanadi wata hanyar cin abinci, ya kuma rage buƙatunsa. Ɗinki, koyarwa, gyaran waya, ɗaukar hoto, saye da sayarwa, ko mene ne. Wanda ya ci bashi ya sayi motar nuna wa sa'a ba zai iya mayar da aiki ba, komai munin aikin, domin mai bashi na tsaye a ƙofa. Ka karɓi kuɗin mutum tun ba ka ga takardun labarin ba, to ka gama magana, wanda ya ci ladan kuturu ai dole ya yi masa aski. Yanzu kuma abin ya wuce 'yan fim. Duk mai waya a hannu ɗan wasa ne. Wani zai ba ki kuɗi ki tallata maganin da ba ki san abin da ke cikinsa ba, wani ya ba ka ka zagi mutumin da bai yi maka komai ba, kuma abin da aka ɗora a intanet ba ya goguwa don mai shi ya girma ya yi hankali.

Amfanin jiran ya fito a watan Janairun 1974, da CBS ta nuna The Autobiography of Miss Jane Pittman, daga littafin Ernest J. Gaines. Labarin wata tsohuwa ce mai shekara 110 da aka haifa baiwa, ta ga Yaƙin Basasar Amurka tana yarinya, ta rayu har zuwa 1962, lokacin gwagwarmayar 'yancin baƙar fata. Cicely ta yi rol ɗin tun daga ƙuruciyar matar har zuwa tsufan. Masu kwalliya, Stan Winston da Rick Baker, sukan ɓata awoyi suna manna mata fatar tsufa, amma fata ba ta yin tafiya, ba ta yin murya. Sai da ta je gidan kula da tsofaffi ta zauna da su, tana kallon yadda hannu ke rawa wajen ɗaga kofi, da yadda tsohuwa ke hutawa a tsakiyar magana. A ƙarshen fim ɗin tsohuwar ta doshi famfon shan ruwa da ke gaban kotu, wanda aka rubuta na farare ne kaɗai. Tana dogara sanda, taku ɗaya bayan ɗaya, 'yan doka na tsaye suna kallo, ta sunkuya ta sha. Babu jawabi. Fim ɗin ya ba ta kyautar Emmy biyu, wato babbar kyautar talabijin ta ƙasar. A wani gida mai ɓeraye a garin Central Falls na jihar Rhode Island, wata yarinya 'yar shekara 8 ta kalli wannan tare da 'yan uwanta, ta ce ita ma abin da za ta yi ke nan. Sunanta Viola Davis.

Sauran ayyukan wannan zango zan wuce su da sauri. A 1977 ta fito a Roots a matsayin mahaifiyar Kunta Kinte a ƙauyen Juffure na Gambiya, kuma sunan matar Binta, irin na yayyenku da gwaggwanninku. A 1978 ta yi Harriet Tubman, wadda ta riƙa fitar da bayi daga kudu a ɓoye, ta kuma yi Coretta, matar Martin Luther King. A 1981 ta yi Marva Collins, malamar da ta buɗe wa yaran talakawa makaranta a Chicago.

Kada jerin nan ya sa ku zaci sai rol na waliyyai take karɓa. A The Blacks karuwa ta fito. A Hoodlum na 1997 ta fito a matsayin Stephanie St. Clair, uwar 'yan cacar Harlem. 'Yar aiki kuwa ta yi ta a Fried Green Tomatoes a 1991, ta sake yi a The Help a 2011. Ashe ba sana'ar matar da ke cikin labarin take dubawa ba, tana duba ko marubucin ya ɗauke ta mutum. Tana da tarihi? Tana son wani, wani na sonta? In ta yi laifi, an nuna abin da ya kai ta? Takan ce idan tana karanta labari, ko dai tsigar jikinta ta tashi, ko cikinta ya juya, kuma in ciki ya juya ba ta taɓawa komai yawan kuɗin. Wannan ya fi mini tsarin masu cewa su sai dai su fito a mutumin kirki, domin fim ɗin da kowa a cikinsa malami ne shi ma ƙarya ce. Ma'aunin kuma yakan kuskure ko a hannun masu lura. Viola Davis ce babbar jarumar The Help, har ya kai ta takarar Oscar, amma a 2018 ta fito fili ta ce tana nadamar yinsa, domin a ƙarshe ba muryar 'yan aikin aka ji ba. Ba ta ɗora wa abokan aikinta laifi ba, ta ce zaɓinta ne. Na fi ganin mutuncin wannan a kan wanda zai rantse bai taɓa sa ƙafa a inda bai dace ba.

Akwai gefen da masu yabo ke bi ta kansa da gudu, ni kuwa ina ganin ku ne kuka fi buƙatar jinsa. Matar da ta iya mayar wa manyan kamfanoni da takardunsu ta daɗe ba ta iya haka a gidanta ba. Ta auri mabushin nan Miles Davis a 1981, bayan tarayya mai tsawo tun shekarun 1960. Ta tsaya a kansa lokacin da hodar iblis ta kusa kashe shi, shi kansa ya amsa haka. Ya kuma amsa cewa ya taɓa dukanta, ga neman mata. Sai a 1989 auren ya mutu. 'Yarta kuma ta yi wani ɓangare na ƙuruciyarta a makarantar kwana, nesa da uwa mai neman abin kai, kuma Cicely ta yarda a ƙarshen rayuwarta cewa yarinyar ta biya kuɗin wannan ɗaukaka fiye da kowa. Ta ɓoye ta daga jarida, ko a littafin tarihinta ba ta kira ta da sunanta na gaskiya ba. Iya ƙin abu a wurin aiki ba ya bin mutum gida da kansa. Ƙanwata, idan kin iya gane labarin da zai zubar miki da mutunci a allo, ki yi amfani da wannan idon a kan mai zuwa zance.

Ɗaukakar ƙarshe ta zo, amma ba na so ku ɗauke ta alkawari. Mun saba cewa mai haƙuri yakan dafa dutse, ba mu cika ƙirga waɗanda itacensu ya ƙare kafin dutsen ya nuna ba. Cicely ta samu tsawon rai da lafiya, kuma waɗannan ba dabararta ba ce. A 1985 ta kalli Geraldine Page a fim ɗin The Trip to Bountiful, labarin tsohuwar da ke son ta ga garinsu sau ɗaya kafin ta mutu, ta ce wa wakilinta ya samo mata irin wannan rol ɗaya ta yi ritaya. Sai a 2013 ya zo, a dandamalin Broadway, inda rabonta da hawa shekara 30. Tana da shekara 88 ta haddace rol ɗin, ta ci kyautar Tony, wato babbar kyautar wasan dandamali ta ƙasar. Ritayar ba ta yiwu ba. A 2015 ta koma dandamali a The Gin Game tare da James Earl Jones, abokin aikinta na 1961, kuma a shekarar ta fara fitowa a How to Get Away with Murder a matsayin mahaifiyar jarumar shirin, wato Viola Davis, yarinyar nan ta Central Falls. Shugaba Barack Obama ya ba ta lambar yabo mafi girma ta farar hula a 2016, aka ba ta Oscar ta girmamawa a 2018, baƙar mace ta farko da ta samu. Kuɗi kuwa sun makara ƙwarai. Mai shirya finafinai Tyler Perry ya ce da ya ga yadda aka daɗe ana tauye ta, sai ya biya ta dala miliyan 1 kan aikin yini guda a fim ɗinsa Why Did I Get Married? na 2007. Tsakanin dala 6,000 ta Sounder da wannan akwai shekara 35. Littafin tarihinta, Just As I Am, ya fito ranar 26 ga Janairu 2021, tana ta hira da 'yan jarida a kansa, ta rasu ranar 28.

Ku nemi Sounder ku kalla, ku kife waya har ya ƙare. Kowa zai ba ku labarin wurin da Rebecca ta hango mijinta yana ɗingishi daga nesa ta zuba a guje. Ni wanda nake so ku duba yana can baya, a ofishin shugaban 'yan sandan gundumar, inda ta je ganin mijin a tsare aka ce doka ba ta yarda mata su shiga ba. Ba ta yi kuka ba, ba ta roƙa ba, ba ta kuma ɗaga murya ba, domin mace baƙa a Louisiana ta 1933 ta san abin da ɗaga murya ke jawowa. Ta dube shi, ta gaya masa cewa aikin da yake yi aikin ƙasƙanci ne, ta juya ta fita. Ku mayar da wurin baya sau biyu ko uku, ku kalli abin da take yi da idanunta kafin ta buɗe baki.